Wa ya rubuta tsofaffin katun? Aikin Michael Maltese da abokan sana'arsa

Wani matashi mai koyon rubutun fim ya aiko mini da tambaya. Ya ce yana zaune da ƙannensa suna kallon Tom and Jerry, sai ya lura an shafe minti bakwai babu wanda ya ce uffan a cikin fim ɗin, amma yaran har da faɗuwa ƙasa don dariya. Shi ne yake son sanin ko irin waɗannan tsofaffin katun suna da marubuci. In akwai shi, me yake rubutawa tunda babu magana, kuma yaya rayuwar mai wannan sana'a ta kasance?

Ƙanena, akwai marubuci, kuma na ji daɗin wannan tambaya, domin na daɗe ina koyar da rubutun fim ba a taɓa yi mini irinta ba. Sai dai misalin da ka kawo yana da ɗan rikitarwa. Tom and Jerry na asali, guda 114 da William Hanna da Joseph Barbera suka yi wa kamfanin MGM daga 1940 zuwa 1958, galibinsu ba za ka ga sunan wani marubuci daban a jikinsu ba. Barbera ne yake ƙirƙiro labarin yana zana shi da hannunsa, Hanna kuma ya auna lokacin kowane motsi. In kana son ganin inda sana'ar ta tsaya da ƙafarta, leƙa gidan maƙwabta, wato Warner Bros., gidan zomo Bugs Bunny da agwagwa Daffy Duck. A can ne wani mutum mai suna Michael Maltese ya yi kusan shekara 20 yana wannan aiki. A 1994 an tambayi ma'aikatan katun kimanin 1,000 su zaɓi gajerun katun 50 mafiya kyau da aka taɓa yi. Cikin biyar na sahun gaba, huɗu Maltese ne ya rubuta su. Amma ka tambayi masu son katun ɗin, za su kira maka sunan darakta Chuck Jones, ƙalilan ne za su tuna wanda ya zauna ya ƙirƙiro labarin.

Tun farko ma babu sana'ar. A zamanin fim mara sauti, mai zane shi ne komai: ya zauna a teburinsa, abin dariyar da ya faɗo masa a rai ya zana, gobe ya ɗora wani a kai har faifan ya cika. Felix the Cat, kyanwar da ta yi tashe tun daga 1919, Otto Messmer ne yake zana ta yana ƙirƙiro mata dabaru, amma sunan mai situdiyo Pat Sullivan ne a jikin fim ɗin. Shigowar sauti a 1928 ita ta canza lissafi. Da zarar motsi ya zama dole ya dace da kiɗa da murya, ba a iya barin kowa ya zana son ransa, don gyara kuskure bayan an yi zane dubbai asara ce babba. Walt Disney ya kafa sashen labari na musamman a farkon shekarun 1930, ya ɗora Ted Sears a kai. A nan ne wani ma'aikaci mai suna Webb Smith ya fara zana kowane ɓangare na labari a ƙaramar takarda yana kafe su a bango da fil, a jere, yadda kowa zai ga fim ɗin daga farko zuwa ƙarshe tun ba a fara aikinsa ba. Wannan shi ne asalin allon labari da har yau masu fim a duk duniya suke amfani da shi.

Masu gajerun fina-finan barkwanci na mutane sun riga masu katun samun irin waɗannan ma'aikata. A situdiyon Mack Sennett da na Hal Roach akwai mutanen da ake biya albashi don kawai su zauna a ɗaki su ƙirƙiro abin dariya, kuma Frank Capra, wanda ya zama babban darakta daga baya, daga nan ya taso. Labarin ɗaya daga cikinsu yakan taɓa mini zuciya. Clyde Bruckman ɗan jaridar wasanni ne da ya koma aiki da ɗan wasan barkwanci Buster Keaton, ya sa hannu a rubuta manyan fina-finansa, har suka ba da umarnin The General tare a 1926. Ya yi aiki da Harold Lloyd, ya yi da Laurel da Hardy. Da shaye-shaye ya ci ƙarfinsa sai ya koma rubuta gajerun fina-finai a kamfanin Columbia, inda ake ɗaukar fim guda cikin 'yan kwanaki, kuma inda rukunin 'yan barkwancin nan Three Stooges kaɗai suka yi gajeru 190. Irin wannan gaggawa tana cinye basira. Bruckman ya riƙa komawa tsofaffin dabarun da aka yi amfani da su a fina-finan da ya yi wa aiki a baya. Lloyd ya kai ƙara kotu kan wani ɓangare da aka kwaso daga Movie Crazy, fim ɗin 1932 da shi Bruckman ɗin ne daraktansa, kuma ya yi nasara. Kamfanoni suka fara gudunsa, aiki ya yi wuya, ya kashe kansa a watan Janairun 1955. Doka ta nuna a fili cewa abin dariyar da ka ƙirƙira a ƙarƙashin albashin wani ba naka ba ne, ko da kai ne ka san ranar da aka haife shi. Ka riƙe wannan, za mu sake cin karo da shi.

An haifi Maltese a birnin New York ranar 6 ga Fabrairu, 1908, iyayensa baƙi ne daga Italiya. A unguwar talakawa ya tashi, inda yaro ke koyon saurin baki tun kafin ya koyi karatu, kuma wannan harshen titi ya bi shi har cikin bakin Bugs Bunny. Bai shiga sana'ar ta ƙofar rubutu ba. A 1935 ya samu aiki a situdiyon Fleischer, masu Popeye da Betty Boop, yana shafa fenti a bayan zanen da wasu suka yi, wanda shi ne mataki na can ƙasa. Bai daɗe ba aka sallame shi. Ya ɗan taɓa aiki a Detroit, sannan a 1937 ya isa Kalifoniya ya shiga situdiyon Leon Schlesinger, mai yi wa Warner Bros. katun. A nan ma aikin cike gurbi aka ba shi: babban mai zane ya zana hannu a sama, ya zana shi a ƙasa, kai kuma ka zana duk matakan da ke tsakani. Aiki ne mai gajiyarwa, amma makaranta ce, don mai cike gurbi yana koyon tsawon lokacin da motsi ke ɗauka a yatsunsa. A 1939 aka mayar da shi sashen labari, sunansa kuma ya fara fitowa a allo a 1941, a wani katun na Tex Avery mai suna The Haunted Mouse.

To me yake rubutawa? Kada ka kawo a ranka mutum ne gaban keken rubutu yana buga shafuka. Kayan aikinsa fensir ne da ƙananan takardu da allo. Gajeren katun na wancan lokaci minti shida ne zuwa bakwai, na'urar sinima kuma tana haska hoto 24 a kowane sakan, wato minti shida hoto 8,640 ke nan. Marubuci zai zana labarin a takardu sama da ɗari, zane na gaggawa wanda ba ya bukatar kyau, sai dai ya nuna wa ke tsaye a ina, me ke hannunsa, yaya fuskarsa take. In akwai magana sai ya rubuta ta a ƙasan zanen. Daga nan ya kafe su a allo, ya kira darakta, ya ɗauki sanda yana nunawa yana kwaikwayon kowa da kowa: ya yi muryar zomo, ya yi ta agwagwa, ya faɗi ƙasa in labarin ya kai wurin faɗuwa. Marubucin katun ɗan wasa ne ko ya so ko ya ƙi, domin labarin da bai ba mutanen ɗaki dariya ba ba zai kai ga teburin masu zane ba.

A Warner akwai wata al'ada da nake koya wa ɗalibaina har gobe. Idan labari ya fara tsayuwa, sai a tara daraktoci da marubuta duka a ɗaki ɗaya na kimanin awa biyu, kuma sharaɗin zaman shi ne babu mai cewa a'a. In kana da abin da zai ƙara wa labarin armashi ka kawo, in ba ka da shi ka yi shiru. Idan ɗakin ya yi tsit, mai labarin ya san amsarsa ba tare da an ci masa fuska ba. Hikimar ita ce sabon tunani kamar jariri yake, ba ya jure duka, kuma wautar da wani ya faɗa takan zama tsanin da wani zai taka ya kai ga abin kirki. Kowane rukuni yana fitar da katun kusan goma a shekara, guda ɗaya duk mako biyar. A ƙarshen shekarun 1940 aka daidaita rabon aiki: Warren Foster da Tedd Pierce suna tare da Friz Freleng da Robert McKimson, Maltese kuma ya zama na Chuck Jones.

Kafin haɗuwarsu kowa ya nuna abin da zai iya. Maltese ya rubuta wa Freleng Hare Trigger a 1945, inda aka fara ganin Yosemite Sam, gajeren nan mai jan gashin baki da saurin fushi. Shi kuwa Jones gwanin zane ne tun farko, amma katun ɗinsa na shekarun farko suna da nawa, suna bin salon Disney na ban tausayi da ƙananan dabbobi masu manyan idanu. Ya fara sakin jiki tun kafin Maltese, ba zan tauye masa wannan ba. Amma daga lokacin da suka zauna ɗaki ɗaya zuwa 1958 ne aka samu ayyukan da ake kiran sunan Jones da su a yau.

Ɗauki katun uku na farauta, na 1951 da 1952 da 1953, waɗanda suka fara da Rabbit Fire. 'Yan wasa uku ne kacal a daji: maharbi Elmer mai ƙarancin wayo, zomo Bugs, da agwagwa Daffy. Doka ta ware lokacin farautar kowace dabba, don haka zomo yana cewa lokacin agwagwa ne, agwagwa yana cewa lokacin zomo ne, kowa yana tura bakin bindiga wajen ɗan'uwansa. Suna cikin musu sai zomo ya juya, ya ce lokacin zomo ne. Shi kuwa agwagwa ya riga ya yi nisa cikin gardama, burinsa kawai ya saɓa wa abin da zomo ya faɗa, sai ya daka tsawa cewa lokacin agwagwa ne, a harba! Aka kuwa harbe shi. A na biyun an sake ɗana tarkon da wakilin suna: ana ta jujjuya "shi" da "kai" da "ni" har agwagwa ya dage da bakinsa cewa lallai a harbe shi yanzu yanzu. Duba abin da marubuci ya yi a nan. Zomo bai ɗaga hannu ya taɓa kowa ba. Ya gane halin abokin gardamarsa ne kurum, ya bar halin ya yi aikinsa. Mai kallo yana hango abin da zai faru, kuma hangowar ce ke ƙara masa dariya, don abin da yake jira shi ne yadda za a kai wurin da kuma inda bakin agwagwa zai koma a wannan karon, ƙeya ko ƙarƙashin haɓa.

Wannan Daffy ɗin ma sabon gini ne. Lokacin da Avery ya fito da shi a 1937 mahaukaci ne kawai mai tsalle-tsalle yana ihu. A hannun Jones da Maltese ya zama mai haɗama da hassada da son a san da shi, wanda kullum yake ganin an danne masa haƙƙi. In ka auna su da ma'aunin tatsuniyoyinmu, da yawa za su ce Bugs ne Gizo saboda wayo, amma ni ina ganin Daffy ya fi kusa da shi, domin Gizo shi ke tono fitina saboda kwaɗayi, sau da yawa kuma ta ƙare a kansa. Bugs na Maltese ba ya fara tsokana. Yana zaune a raminsa lafiya, sai an zo an taka shi sau ɗaya, sau biyu, sannan ya tashi. Wannan haƙurin na farko shi ke ba mai kallo damar goya masa baya duk irin abin da zai yi wa abokin gaba daga baya.

Tambayarka ta fi ƙarfi a kan katun mara magana, don haka mu je kan dilan hamada da tsuntsu mai gudu, Wile E. Coyote da Road Runner. Na farkonsu, Fast and Furry-ous, ya fito a 1949, kuma Jones da Maltese sun yi shi ne da niyyar tsokanar katun ɗin guje-guje da suka cika kasuwa, sai masu kallo suka karɓe shi hannu biyu. Babu hira a ciki. Labarin jerin yunƙuri ne: dila ya yi odar roka ko ƙaton maganaɗisu daga kamfanin Acme, ya zana taswira, ya ɗana tarko, tarkon ya kama shi. A wajenmu dila malamin daji ne, wannan ma malami ne mai lissafi, sai dai iliminsa ne ke kai shi ƙasa kullum. Aikin marubuci a nan shi ne ya sa kowace faɗuwa ta biyo hanyar da hankali zai karɓa amma ba ta inda aka zata ba. An ga dutse a sama, kowa ya san zai faɗo. Sai ya ƙi faɗowa, dila ya fito daga maɓoyarsa ya je ya duba dalili, ya ɗan taɓa shi. Wannan jinkirin, da zuwa dubawar, da kallon da zai yi wa mai kallo kafin ya rufta cikin kwazazzabo, duk rubutu ne, ko da babu harafi ɗaya a ciki. Jones ya shahara da wasu ƙa'idoji da ya ce suna bi, kamar cewa tsuntsun ba ya cutar da dila, kuma ba ya barin kan titi. Da masanin tarihin katun Michael Barrier ya tambayi Maltese, sai ya ce shi bai taɓa jin labarinsu ba, bayan an gama aiki ne aka lura da su. Ni na fi karkata ga maganar Maltese. Wanda ya san halin ɗan wasansa ciki da bai ba ya bukatar a rubuta masa doka a bango.

Wanda na fi so a duk ayyukansa shi ne One Froggy Evening, da ya fito ranar ƙarshe ta 1955. Wani lebura yana aikin rushe tsohon gini sai ya tsinci akwati a cikin harsashi. Ya buɗe, kwaɗo ya fito, ya ɗora doguwar hula, ya ɗauki sanda, ya kama waƙa da rawa. Nan take leburan ya hango kuɗi. Ya kai shi wurin dillalin 'yan wasa, kwaɗo ya yi zugum ya yi kukan kwaɗi, aka kore su. Ya kwashe 'yan kuɗin da ya tara ya kama hayar gidan wasa, ya tara jama'a, kwaɗo yana ta rera waƙa a bayan labule, labulen na ɗagawa ya yi shiru. Ba ya waƙa sai in su biyu ne. Mutumin ya tsiyace, ya koma kwana a benci, har aka kai shi asibitin masu taɓin hankali. Da ya fito sai ya lallaɓa ya cusa akwatin cikin harsashin wani sabon gini ya gudu. A shekarar 2056 wani ma'aikacin rusau ya tsinci akwatin, kwaɗo ya fara waƙa, idon wannan ma ya cika da kuɗi.

Babu ɗan Adam ko ɗaya da ya furta kalma a wannan fim, muryar kwaɗo kaɗai ake ji. Na sha nuna wa ɗalibai shi, kuma ban taɓa ganin wanda ya bukaci a fassara masa ba, domin kwaɗayi mabuɗin wahala magana ce da kowa ya zo da ita daga gida. Abin da nake so su lura da shi shi ne tsarin hawan matakai. Kowane yunƙuri ya fi na baya tsada, na farko ya ci masa mutunci, na biyu dukiya, na uku hankali. Kuma ko sau ɗaya bai zauna ya saurari waƙar don daɗinta ba, alhali shi kaɗai aka ba wannan kyauta a duk duniya. Marubucin bai faɗi wannan da baki ba, ya bar shi a fili ga mai ido. Galibin waƙoƙin kwaɗon tsofaffi ne na gaske, amma ɗaya daga ciki Maltese ne ya tsara baitocinta, kuma ta saje da sauran har mutane suka ɗauka ita ma tsohuwa ce. Irin wannan tausayin yana nan a Feed the Kitty na 1952, inda ƙaton kare ya zaci an kwaɓa 'yar kyanwar da yake ƙauna cikin fulawa an gasa ta, aka miƙo masa biskit mai siffarta, ya ɗora a bayansa yana hawaye. Kana dariya maƙogwaronka yana ɗaci.

Sauran manyan ayyukan zan wuce su da sauri. A Duck Amuck na 1953 wani mai zane da ba a gani yana ta goge wa Daffy wurin da yake tsaye, ya canza masa murya da siffa, amma duk abin da aka cire masa kana gane Daffy ne saboda halinsa. What's Opera, Doc? na 1957 ya dunƙule kiɗan Richard Wagner cikin minti bakwai na farautar zomo, Maltese ya rubuta baitocin soyayyar da ke ciki, kuma ya ci lokaci fiye da mako biyar ɗin da aka ƙayyade, har sai da rukunin ya rage daga lokacin katun ɗin dila ya cike. An shigar da shi cikin kundin adana fina-finan ƙasa na Amurka a 1992. Duck Amuck ya biyo baya a 1999, na kwaɗon kuma a 2003.

Yanzu maganar da ke ci mini rai. For Scent-imental Reasons, katun ɗin Pepé Le Pew, dabbar nan mai wari irin bodari da ke ganin kansa gwanin soyayya, ya ci lambar Oscar ta 1949. Maltese ya rubuta shi, har da Faransancin ƙarya da ake ta zubawa a ciki. Wanda ya hau dandamali ya karɓi lambar shi ne furodusa Eddie Selzer, mutumin da Jones ya sha ba da labarin cewa tun farko ya ce babu wanda zai yi dariyar wannan dabba. Haka tsarin yake, kura da shan bugu gardi da kwashe kuɗi. Marubutan katun ma'aikatan albashi ne, suna ƙungiyar masu zane, ba ta marubutan fim ba, kuma ba su da kaso a abin da aikinsu zai samo daga baya. A 1956 aka sayar da tarin tsofaffin katun ɗin Warner ga masu rarraba wa gidajen talabijin, aka yi ta haska su shekara da shekaru a ƙasashe da dama, waɗanda suka ƙirƙiro su ba su ga ko sisi ba. Ba marubuta kaɗai abin ya shafa ba. Arthur Q. Bryan ya yi kusan shekara 20 yana muryar Elmer ba a rubuta sunansa a allo ba. Maltese aƙalla an rubuta nasa, na sakan biyu ko uku kafin fim ya fara.

Ba ina nufin a karɓe rawani daga kan Jones a naɗa wa Maltese ba. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Jones ne yake yanke hoto nawa dila zai yi a iska kafin ya faɗi, shi yake zana ɗaga girar da ke mayar da abin dariya ya zama hali. Maurice Noble ya tsara wurare, Mel Blanc ya ba da muryoyi, Carl Stalling da Milt Franklyn suka yi kiɗa. Amma akwai ma'auni mai sauƙi: dubi abin da kowannensu ya yi bayan rabuwa. Fitattun ayyukan Jones na baya, irin su The Dot and the Line na 1965 da ya ci Oscar da katun ɗin Grinch na 1966, daga littattafan wasu marubuta aka ɗauko su. Shi ma Maltese bai sake yin abin da ya kai na kwaɗo ba. Kowannensu ya rasa wani abu da ɗayan ke riƙe da shi.

Abin da ya raba su kasuwa ce. A 1948 Kotun Ƙolin Amurka ta hana manyan kamfanoni tilasta wa gidajen sinima sayen fina-finai a dunƙule, ta kuma raba su da gidajen sinimarsu. Da can gajeren katun yana bin babban fim ne kamar gyara a kan awo, yanzu kuwa sai ya sayar da kansa, ga talabijin tana janye jama'a. A 1953 Jack Warner ya rufe sashen katun na wasu watanni saboda ya zaci fim mai zurfi da ake kallo da tabarau na musamman zai mamaye kasuwa. Maltese ya tafi situdiyon katun na Walter Lantz, ya sake haɗuwa da Tex Avery suka yi The Legend of Rockabye Point, wanda ya shiga takarar Oscar, sannan ya dawo. MGM ta rufe nata sashen a 1957, Hanna da Barbera suka buɗe kamfaninsu na katun ɗin talabijin, a 1958 Maltese ya bi su, Warren Foster ma ya koma can.

Aikin talabijin wata duniya ce. Kuɗi kaɗan ne, don haka zane kaɗan ne: jiki a tsaye, baki kawai ke motsi. Jones yakan kira irin wannan rediyo mai hoto. Nauyin ban dariya ya koma kan magana kacokan, wato kan marubuci. A zangon farko na shirin Quick Draw McGraw a 1959 akwai fitowa 26, kowace da katun uku, jimla 78, kuma Maltese ne ya rubuta su. Mutumin da ya saba yin goma a shekara ke nan. Duk da haka ya fitar da 'yan wasa masu rai, kamar dokin nan ɗan doka mai rufe fuska yana kwaɗa wa ɓarayi jita a ka, da kare Augie da babansa, da zaki Snagglepuss mai maganar 'yan wasan dandamali. Ya kuma rubuta wasu sassan The Flintstones. In ka kalle su za ka ji saurin bakinsa yana nan, abin da babu shi ne mako biyar na zama da labari ɗaya.

Akwai yiwuwar ma kai da ƙannenka kun kalli aikinsa ba ku sani ba. Daga 1963 zuwa 1967 kamfanin Chuck Jones ya yi wa MGM sababbin Tom and Jerry guda 34, kuma Maltese ya sa hannu a labarin da yawa daga ciki. Gane su ba wuya: Tom yana da gira mai kauri, Jerry yana da manyan kunnuwa da idanu, kuma a farkon fim ɗin Tom ne ke maye gurbin zakin MGM yana kukan kyanwa. In ka ga haka, tsayar da hoton a kan sunaye ka duba.

An ba shi lambar girmamawa ta Winsor McCay a 1976. Ya sake zama da Jones sun rubuta ci gaban Duck Dodgers, wani tsohon katun ɗinsu na Daffy, aka nuna shi a 1980, ya rasu a Los Angeles ranar 22 ga Fabrairu, 1981, yana da shekara 73, bayan fama da ciwon daji. In kana son ganin fuskarsa, nemi You Ought to Be in Pictures na 1940, wanda Freleng ya haɗa zane da mutanen gaske. Akwai mai gadi a ƙofar situdiyo da ya tare Porky Pig ya wurgo shi waje da shi da motarsa. Maltese ne wannan mai gadin, yana da shekara 32, amma muryar da ke fita daga bakinsa ta Mel Blanc ce aka ɗora masa.